Shanun Dutse da Kakan Baba

Hausawa suka ce tafiya mabuɗin ilimi. Mu dai ranar da muka sayi tikitin nan ba ilimi muka fita nema ba, shan iska ne kawai, da son mu samu hotunan da za mu nuna a gida. Mu huɗu ne, malaman makaranta, maza uku da mace ɗaya, muna birnin Faris a kan wani kwas na wata 3 a ƙarshen shekarar 2022. Mun yi mako 6 ba mu san ko'ina ba sai aji da ɗakin kwana da jirgin ƙarƙashin ƙasa, har Malama ta ce in ba mu yi hankali ba, ranar da aka tambaye mu a gida yadda Faransa take, sai dai mu ce rami ce.

Ƙaraminmu, wanda muke kira Auta, shi ya samo labarin tafiyar. Wani kamfani ne ke ɗiban mutane ranar Asabar a babbar motar safa, ya kai su tsofaffin garuruwa 3, wato Compiègne da Laon da Reims, ya dawo da su da dare. Abin da ya sa kuɗin ya yi sauƙi shi ne babu ɗan jagora. Direba zai sauke ku, ya miƙa wa kowa taswira da 'yar takardar bayani, ya faɗi lokacin tashi, daga nan kowa tasa ta fisshe shi.

Akwai wani ɗan Nijar da muke zuwa cin tuwo gidansa kowace Juma'a da dare. A lokacin mahaifinsa ya zo daga Damagaram aka yi masa aikin ido, dattijo mai shekara 75, siriri, marar yawan magana. Baba muke ce masa. Muna cikin hirar tafiyar, Auta yana yi mana fankamar cewa sunan da ake rubutawa Reims ba haka ake faɗarsa ba, “Rans” ake cewa, sai muka ga Baba ya ajiye kofin shayinsa ya ce, “'Ya'yana, ko motar nan tana da sauran wuri?”

Gara mu faɗi gaskiya, mai karatu, ba mu so ba. Tafiyar ƙafa ce ta yini guda, ga sanyi ya fara shigowa, ga tsoho da sabon ido. Amma wa zai ci tuwon mutum mako 6 sannan ya ƙi ɗaukar ubansa? Muka ce ai ko babu wuri sai ɗayanmu ya sauka. Ɗansa, wanda ba ya samun hutu ranar Asabar, ya yi ta godiya har abin ya ba mu mamaki.

Ƙarfe 7 na safe muka tashi. Direban wani kakkauran Bature ne mai gashin baki, kuma tun kafin ya ta da mota ya ɗauki abin magana ya ce shi ba ya ƙirga kawuna, agogo yake dubawa, wanda ya makara ya nemi hanyarsa. Muka yi dariya tare da sauran fasinjoji, muna ganin ba da mu ake ba.

Compiègne tana da nisan kimanin kilomita 80 daga Faris, a bakin kogin Oise. Mun iske gari bai gama farkawa ba. A dandalin tsakiyar gari akwai mutum-mutumin Jeanne d'Arc, yarinyar ƙauyen nan da ta ja rundunar Faransa a yaƙinsu da Ingilishi. A ƙofar wannan gari aka kama ta ranar 23 ga Mayu 1430, aka sayar da ita ga Ingilishi, suka ƙona ta a Rouen a shekarar da ta biyo, tana da shekara 19 ko kusa da haka. Malama ta daɗe tana kallon ta, ta ce ita abin da ya tsaya mata a rai shi ne sarkin da yarinyar ta kai aka naɗa bai fanshe ta ba. Baba ya ce haka sarauta take ko'ina.

Daga nan aka kai mu cikin daji, 'yar tafiya kaɗan daga gari, wurin da aka sa hannu a kan takardar tsagaita wuta ta Yaƙin Duniya na Ɗaya, da asubahin ranar 11 ga Nuwamba 1918, a cikin taragon jirgin ƙasa na babban kwamandan yaƙi Foch. Bayan shekara 22, da Jamus ta ci Faransa, sai Hitila ya sa aka fito da wannan tarago daga inda aka adana shi, aka mai da shi daidai inda ya tsaya a 1918, ya tilasta wa Faransawa su sa hannu a kan tasu takardar a cikinsa ranar 22 ga Yuni 1940. Suka rushe wurin, suka tafi da taragon Jamus, inda ya ƙone a 1945. Wanda ake nunawa yanzu ɗan'uwansa ne, ƙirarsu ɗaya, an kawo shi a 1950. Muka yi ta jinjina wannan irin riƙo, a ce mutum ya ƙullaci tarago shekara 22. Baba bai ce komai ba. Ya tsaya gaban wasu tsofaffin hotunan sojoji yana matso da fuskarsa kusa da gilashi, ɗaya bayan ɗaya, sai da muka janyo shi don kada mota ta tashi.

Tun muna nesa muka hango Laon, wadda ita kuma “Lan” ake faɗa. Ƙasar wajen shimfiɗaɗɗiya ce, gonaki iya ganinka, sai kawai ga tudu ya miƙe kimanin mita 100, gari a kansa, babbar majami'a a kan garin. A ƙarni na 10 nan ne mazaunin sarakunan ƙasar, kuma har yau ganuwar da ta kewaye tsohon garin tana nan, tsawonta ya kai kilomita 7. Muka bi ta gefenta muna tuna tamu ta Kano, wadda aka fara tun zamanin Sarki Gijimasu, wato ta girmi majami'ar da muka zo gani. Babu wanda ya ce uffan a kan halin da tamu take ciki, don kowa ya sani. A kan ciyawa a gindin ganuwar muka yi sallar azahar ƙasaru, muka ci burodi da dambun naman da Malama ta taho da shi.

An fara gina majami'ar Laon a tsakiyar ƙarni na 12, aka yi kusan shekara 80 ana aiki. Muna tsaye a gabanta, mu masu ilimi muna karanta takarda, sai Baba ya ɗaga sandarsa sama ya ce, “Malam, idon nan nawa ne bai warke ba, ko shanu nake gani can?”

Muka ɗaga kai. Wallahi shanu ne. Can ƙololuwar hasumiyoyin, a tsakanin ginshiƙai, ga manyan bijimai na dutse sun leƙo da kawunansu da ƙahoninsu suna kallon ƙasa. Su 16 ne. Shanu ne suka jawo duwatsun ginin daga ƙasa zuwa kan tudun nan, kuma mutanen garin suna da labarin cewa wata rana wani sa ya gaji ya faɗi a kan hanya, sai ga wani ya ɓullo ba a san daga ina ba, ya ja kayan har sama, ya ɓace. Da magina suka gama, sai suka sassaƙa shanun suka ɗora su a wurin da ya fi ko'ina tsayi, sama da waliyyansu da sarakunansu.

Baba manomi ne, ya san abin da sa yake ji in an ɗaura masa kaya a hawa. Ya yi ta kallo har wuyansa ya gaji, sannan ya ce, “Mutanen da suka tuna da wahalar sa ba za su manta da ta mutum ba.” Muka ɗauka magana ce irin ta manya, muka wuce.

Sai a kan hanyar Reims muka gane. Tafiyar kimanin kilomita 50 ce, kuma hanyar tana ratsa gefen wani dogon tudu da ake kira Chemin des Dames, wato hanyar gimbiyoyi, don 'ya'yan Sarki Louis na 15 mata sukan bi ta nan. Muka fara ganin maƙabartun soja a bakin hanya, fararen alamu a jere kamar an shuka su da igiya. Auta ya karanta mana cewa a nan ne ranar 16 ga Afrilu 1917 aka tura sojojin Faransa su hau tudun a cikin ruwan sama da ƙanƙara, Jamusawa na sama da bindigogi masu ruwa, kuma a sahun gaba akwai dubban baƙaƙen sojoji da aka kwaso daga Afirka ta Yamma, waɗanda sanyi ya daskarar wa da yatsu har wasu ba sa iya riƙe bindiga. Ana kiransu 'yan bindigar Senegal, amma suna ne kawai, an ɗebo su daga ƙasashe daban-daban da Faransa ke mulka. Kusan 200,000 aka kawo a wancan yaƙi, kimanin 30,000 ba su koma ba.

Baba ya ce, “Kakana yana cikinsu.”

Daga nan ya ba mu labarin, a hankali, yana kallon taga. A shekarar 1916, lokacin Zinder ce mazaunin Nasara na yankin, aka aiko wa mai garinsu cewa ya ba da samari. Aka ɗauki kakansa, ya bar matarsa da cikin wata 5. Cikin nan shi ne mahaifin Baba. Yaƙi ya ƙare, wasu suka dawo, shi shiru. Babu takarda, babu saƙo. Sai bayan shekaru wani tsohon soja na wani ƙauye ya ce ganinsa na ƙarshe da shi a wani gari ne mai ƙatuwar majami'a wadda wuta ta cinye rufinta, sunan garin Ransi. Kakar Baba ba ta yi takaba ba, don ba a ce mata ya mutu ba, kuma ba a yi masa sadakar uku ko ta arba'in ba. Ta yi shekaru tana jira, har manya suka raba auren ta yi wani. Mahaifin Baba ya girma ya tsufa da wannan kalma guda a bakinsa, Ransi, kuma kafin ya rasu ya ce wa Baba in Allah ya sa wani nasu ya taka ƙasar Nasara, to a je a yi wa mutumin nan sallama. Ɗan Baba ya daɗe da gane garin da ake nufi, ya yi alkawarin zai kai shi, aiki ya hana, ga shi saura kwana 8 jirginsa ya tashi.

Kunya ta rufe mu. Mu da muke ganin mun ɗauko kaya, ashe mu ne 'yan rakiya.

Ƙarfe 3 aka sauke mu a Reims, direba ya ce ƙarfe 6 daidai. Majami'ar tana nan kusa, sai muka fara da ita. An fara gina ta a 1211, kuma a cikinta aka naɗa sarakunan Faransa 25, daga 1223 zuwa 1825, har da wanda Jeanne d'Arc ta kawo a 1429. Jikinta akwai sassaƙe-sassaƙe fiye da 2,000. Amma mu abin da muke nema a takarda ɗaya ne, muka kuwa same shi: ranar 19 ga Satumba 1914 harsashin igwar Jamusawa ya kunna wa ginin wuta, rufin ya ƙone, dalmar da aka lulluɓe shi da ita ta narke tana zuba ta indararo. Ba a gama gyara ba sai 1938. Ke nan duk sojan da ya zo garin nan a 1917 ko 1918, majami'a marar rufi zai gani. Maganar tsohon sojan nan ta yi shekara 100 tana yawo daga baki zuwa baki a wani ƙauyen Damagaram, ba a taɓa rubuta ta ba, ga shi ta zo ta dace da takardar Bature. Baba ya dafa bangon da tafin hannunsa ya ce, “To, nan ne.”

A ƙasan taswira, da ƙananan haruffa, Malama ta ga an ambaci wani abin tunawa da baƙaƙen sojoji a wani lambu da ake kira Parc de Champagne, can gefen gari, fiye da kilomita 2 daga inda muke. Nan gardama ta tashi a tsakaninmu, da Turanci don kada Baba ya ji. Babbanmu ya ce lokaci ba zai isa ba da tafiyar tsoho, kuma shi tun daga gida ya ƙudurta ganin ɗakin da Jamusawa suka sa hannun miƙa wuya ranar 7 ga Mayu 1945, wanda ke wata makaranta kusa da tasha. Malama ta ce masa ɗaki ba zai gudu ba. Baba, wanda ashe ya fahimci komai daga fuskokinmu, ya ce mu nuna masa hanya kawai, zai je shi kaɗai. Wannan ta kashe maganar.

Ba mu samu tasi ba, muka kama hanya da ƙafa. Hawa ce, kuma sau biyu taswira ta ɓatar da mu a cikin unguwar manyan gidajen giyar nan mai kumfa da garin ya yi suna a kanta, waɗanda a cikin ramukansu na ƙarƙashin ƙasa mutanen gari suka ɓuya lokacin ruwan igwa. Baba yana tafiya yana hutawa. Ƙarfe 5 ta wuce kafin mu shiga lambun.

Mutum-mutumi ne na tagulla a kan dogon gindi: baƙaƙen sojoji 4 sun kewaye wani farin hafsa mai riƙe da tuta. Labarinsa ma abin ji ne. Mutanen Reims sun kafa na farko a 1924 don godiya ga sojojin Afirka da suka tare Jamusawa suka hana su cin garin a 1918, aka kafa irinsa sak a Bamako. Da Jamusawa suka shigo a 1940 suka tumɓuke shi suka tafi da shi, ba a sake ganinsa ba. Aka yi shekara 73 kafin a sake ƙera shi, ta hanyar kwaikwayon na Bamako, aka kafa a nan a 2013, shugabannin Faransa da Mali suka buɗe shi a 2018. Taragon Compiègne kuwa shekara 5 kawai aka yi da ƙonewarsa aka kawo madadinsa. Wannan lissafi mu muka yi shi a tsaye a wurin, ranmu a ɓace.

Baba ya kewaya shi sau biyu yana duba rubuce-rubucen, bai ga sunan kakansa ba. Auta ya buɗe wayarsa ya shiga rumbun intanet na ma'aikatar tsaron Faransa, inda aka zuba takardun mamatan yaƙin. Sunan kakan Baba irin sunan nan ne da ake samun mutum uku masu shi a kowace unguwa, kuma magatakardan Nasara sun rubuta sunayen yadda kunnensu ya ji. Aka samu masu sunan da yawa, wasu ba a ma faɗi garinsu ba. Auta ya fara karantowa, Baba ya ɗaga masa hannu ya ce ya bari. Babbanmu, wanda ɗazu ba ya son zuwa, shi ya fi kowa zafi, ya ce an ƙirga shanu an san su 16 ne, amma ba a iya rubuta sunan mutum daidai ba. Baba ya ce, “Malam, ban zo bin bashi ba. Aike aka yi ni.”

Ya tambayi gabas, Auta ya duba masa. Ya juya wa mutum-mutumin baya, ya cire takalmansa, ya zauna a kan ciyawa mai sanyi. Ya yi sallama da ƙarfi kamar mai shiga gida, ya kira sunan kakansa da na uban kakansa, ya faɗa masa cewa matar da ya bari ta haifi namiji, an sa masa suna kaza, ya rayu ya haifi 'ya'ya 9, gonar tana nan ba a sayar ba, rijiyar ce dai ta ƙafe. Sannan ya ɗaga hannu, mu ma muka zauna muka ɗaga namu. Ya roƙa wa kakansa gafara, da duk waɗanda aka kawo tare da shi, waɗanda aka san kabarinsu da waɗanda ba a sani ba. Wasu yara suna buga ƙwallo can gefe, wata mata ta wuce da karenta. Dukkanmu mun ga agogo, babu wanda ya taɓa shi.

Ƙarfe 6 da minti 25 muka iso inda aka sauke mu. Babu mota, babu alamarta. Ba mu ga laifin direba ba, ya faɗa tun da safe. Muka haɗa abin da ke aljihunmu muka nufi tasha, kuɗin jirgin ƙasa na mutum 5 ya kusa cinye mana kuɗin cefanen mako. Baba ya kwance bakin aljihunsa zai biya, Malama ta ce in ya sake ta gani za ta kai ƙararsa wajen ɗansa. Jirgin mai gudun tsiya ne, bai cika awa guda ba ya kai mu Faris. Muka je inda motar ke sauke mutane don mu karɓi butar shayinmu da muka bari a kan kujera, sai muka tarar ba ta ma iso ba. Da ta iso direba ya gan mu tsaye a bakin titi, ya buɗe baki, ya dubi agogonsa, ya sake dubanmu. Baba ya ce a gaya masa sannu da hanya.

A daren nan ba mu yi barci da wuri ba. Mu huɗu mun haddace sunayen sarakunan Faransa don cin jarrabawa, muna kuma koya wa yara, amma da muka tambayi juna, mutum ɗaya ne kawai a cikinmu ya iya faɗin sunan kakan kakansa. Gidan su Baba sun riƙe kalma guda shekara 100 ba alƙalami ba takarda, don akwai tsofaffi masu faɗa da yara masu zama su saurara. Mu da muke da alƙalamin, me muka riƙe? Washegari Auta ya koma gidan da littafi, ya zauna gaban Baba ya rubuta labarin tun daga farko, da sunaye da garuruwa, ya ba ɗansa ya ajiye wa jikoki.

Bayan Baba ya koma da wata guda, ɗansa ya gaya mana an yi taro a ƙauyensu. An yanka rago, an dafa hatsi an raba, malamai sun yi addu'a. Sadakar da ba a yi ba tun zamanin yaƙin farko, an yi ta. Ya ce Baba yana ba mutane labarin wani gari a kan tudu inda aka ɗora shanu a saman ɗakin ibada, wasu suna cewa idon ne bai gama warkewa ba.

Allah ya jiƙan magabatanmu, na kusa da na nesa, ya sa mu ma a tuna da mu da alheri.